Yadda ake mayar da kason lamba zuwa desimal ta hanyar doguwar rabawa

Rabi, sulusi, rubu'i, humusi, sudusi, subu'i, sumuni, tusu'i, ushiri. Duk wanda ya zauna gaban malami a zaure a nan Sakkwato har aka kai babin zakka ko na rabon gado ya san waɗannan sunaye, kuma su ne abin da makarantar boko ke rubutawa 1/2, 1/3, 1/4 har zuwa 1/10, take kiransu firakshan. A wannan bayani za mu riƙa ce musu kaso. Matsalar ita ce kayan aikin da ke hannunmu yau ba sa jin wannan yare. Kalkuletar waya, sikelin lantarki na mai sayar da siminti ko taki, mitar gidan mai, takardar banki, duk da ɗigo suke magana: 0.5, 0.25, 0.125. Wannan rubutu mai ɗigo shi ne desimal. Hanyar da ke fitar da mutum daga kaso zuwa desimal ko da babu na'ura a kusa ita ce doguwar rabawa, kuma tana aiki a kan kowane kaso, ƙarami ko babba.

Abu na farko da za ka riƙe: layin da ke tsakanin lambar sama da lambar ƙasa alamar rabawa ce. Idan ka ga 3/8, wato uku bisa takwas, ana nufin a raba 3 gida 8. Lambar sama ita ce dukiyar da za a raba, lambar ƙasa kuma ita ce yawan masu karɓa. Saboda haka lambar sama ke shiga cikin akwatin rabawa, ta ƙasa ta tsaya a waje ta hannun hagu. Yara da yawa suna juya wannan, domin tun daga aji uku sun saba babbar lamba ce ke shiga ciki. Sai yaro ya raba 8 gida 3 ya kawo 2.666. Maganin wannan tambaya ɗaya ce kafin a ɗora alƙalami: gurasa uku a hannun mutum takwas, kowa zai samu guda cikakkiya? Ba zai samu ba. To amsar dole ta fara da sifili da ɗigo. Duk lokacin da lambar sama ta gaza ta ƙasa, haka abin yake.

Dalilin ƙara sifili

Kafin a shiga matakai, ya kamata a fahimci inda sifilin da ake ta ƙarawa yake fitowa, domin wanda ya haddace matakai bai san dalili ba, shi ne ke ɓata a tsakiyar hanya.

A ce leburori takwas sun sauke kaya a kasuwa, aka miƙa musu takardun naira dubu guda uku. Takarda uku ba ta rabuwa ga mutum takwas, kowa ya samu sifili a matakin dubu. Sai a nemi canji. Kowace dubu ta zama 'yan ɗari-ɗari goma, ga takarda 30. Yanzu kowa ya ɗauki uku, an fitar da 24, saura 6. Shidan nan ma ba ta kai takwas ba, a sake canji zuwa 'yan naira goma-goma, ga takarda 60. Kowa ya ɗauki bakwai, an fitar da 56, saura 4. A mayar da huɗun nan naira ɗai-ɗai a kan takarda, ga 40. Kowa ya samu biyar, babu saura. Rabon kowa ya zama ɗari uku, da goma bakwai, da biyar, wato naira 375 daga cikin dubu. Wannan shi ne 0.375.

Sifilin da kake liƙa wa saura shi ne wannan canjin. Kana farfasa abin da ya rage gida goma domin ya rabu. Ba ka ƙara wa dukiyar komai ba, domin 3 da 3.0 da 3.000 duk abu guda ne.

Matakan a kan takarda

Ka samu takarda mai layi, in da hali mai gida-gida irin ta littafin lissafi, da fensir. Zana akwatin rabawa. Rubuta 8 a waje, 3 a ciki. Sa ɗigo bayan 3, ka jera sifili uku ko huɗu a bayansa, in sun ƙare kana iya ƙarawa. Nan take, kafin ka yi komai, ka sa wani ɗigon a saman layi daidai kan wanda ke ciki. Wanda ya bar ɗigo sai ƙarshe yakan manta inda ya kamata ya zauna.

Tambaya ta farko: 8 nawa ne a cikin 3? Babu. Rubuta 0 a sama kafin ɗigo. Yanzu ka haɗa 3 da sifili na farko, ya zama 30. Takwas nawa ne a cikin 30? Uku, domin 8 sau 3 shi ne 24, 8 sau 4 kuwa 32 ne, ya zarce. Rubuta 3 bayan ɗigo. Rubuta 24 ƙarƙashin 30, ka ɗebe, saura 6. Sauko da sifili na gaba kusa da 6, ya zama 60. Takwas sau 7 shi ne 56. Rubuta 7 a sama, ɗebe 56 daga 60, saura 4. Sauko da sifili, 40. Takwas sau 5 shi ne 40 cif. Rubuta 5, ɗebe, saura 0. An gama.

```
     0.375
   --------
 8 ) 3.000
     2 4
     ---
       60
       56
       --
        40
        40
        --
         0
```

Aiki huɗu ne ke ta zagayowa: raba, ninka, ɗebe, sauko da sifili. Kuma akwai doka ɗaya da ba a karya ta: duk sifilin da ka sauko da shi, dole ya haifar da lamba guda a sama. Guda tak, ba biyu ba, kuma ba a tsallake ta ko da ita kanta sifili ce. Yawancin kuskuren da ake samu a wannan lissafi daga karya wannan doka yake fitowa.

Daga nan za mu riƙa rubuta aikin a taƙaice, layi-layi, amma kai a takardarka ka ci gaba da zana akwatin har hannunka ya saba. Ga sumuni, 1/8, rabon matar da mijinta ya rasu ya bar ɗa ko 'ya:

10 ÷ 8 = 1, saura 2
20 ÷ 8 = 2, saura 4
40 ÷ 8 = 5, saura 0

Sumuni ke nan 0.125. Idan abin da za a raba bayan biyan bashi da fitar da wasiyya naira 2,400,000 ne, 0.125 sau 2,400,000 zai ba da 300,000.

Sifilin da ake mantawa

Nan ne ya kamata a daɗe, domin ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. Ɗauki zakkar kuɗi. Abin da ake fitarwa daga dukiyar da ta kai nisabi ta kuma shekara shi ne rubu'in ushiri, wato 1/40.

Arba'in nawa ne a cikin 1? Babu, rubuta 0 da ɗigo. Sauko da sifili, 10. Arba'in nawa ne a cikin 10? Har yanzu babu. A nan ne mai gaggawa ke liƙa wani sifilin ya koma 100 bai rubuta komai a sama ba. Ka tuna doka: ka sauko da sifili, sai ka biya da lamba a sama. Lambar nan ita ce 0.

10 ÷ 40 = 0, saura 10
100 ÷ 40 = 2, saura 20
200 ÷ 40 = 5, saura 0

Amsa 0.025, wato biyu da rabi cikin ɗari. Wanda ya tsallake sifilin zai samu 0.25, wanda yake rubu'i ne sukutum, ninki goma na gaskiya. A kan naira 4,000,000, amsar daidai 100,000 ce, ta mai kuskure kuwa 1,000,000.

Haka zakkar amfanin gona. Manomin gero da ruwan sama ya shayar masa yana fitar da ushiri, 1/10, wato 0.1. Mai noman rani a fadamar Kwalkwalawa ko Wurno da ke ja da injin ban-ruwa yana fitar da rabin ushiri, 1/20. Goma ba ta kai ashirin ba, a rubuta 0, sannan 100 ÷ 20 = 5. Amsa 0.05. A buhu 60 na shinkafa, buhu 3 ke nan. In aka yar da sifilin aka rubuta 0.5, lissafi zai ce a ba da buhu 30.

Sifilin nan ba a farko kaɗai yake ɓuya ba. Duba 33/16, inda lambar sama ta fi ta ƙasa. A irin wannan, ana fara rabawa yadda aka saba kafin a kai ga ɗigo: 16 nawa ne a cikin 33? Biyu, an fitar da 32, saura 1. Rubuta 2, sa ɗigo, sannan a fara sauko da sifili.

10 ÷ 16 = 0, saura 10
100 ÷ 16 = 6, saura 4
40 ÷ 16 = 2, saura 8
80 ÷ 16 = 5, saura 0

Amsa 2.0625. Mai tsallake zai kawo 2.625, ya ce abin ya haura biyu da rabi, alhali 33/16 biyu ne da ɗan ƙwarya-ƙwaryan ƙari, kashi ɗaya cikin goma sha shida. Da ya tsaya ya yi kintace da ido kafin ya fara, da ya gane amsarsa ta yi ƙiba.

Idan lambar ƙasa ta yi girma

Jadawalin sau da aka haddace a firamare yakan tsaya a 12. In ka haɗu da 16 ko 24 ko 37, kada ka yi ta canki-canka. Rubuta jadawalin lambar a gefen takarda daga sau 1 zuwa sau 9, ta hanyar ƙara ta a kan kanta. Na 16 shi ne 16, 32, 48, 64, 80, 96, 112, 128, 144. Minti ɗaya zai ci maka, sauran aikin ya zama dubawa kawai.

Bakanike da mai walda sun san sufana mai lamba 7/16 na inci. Mu mayar da ita:

70 ÷ 16 = 4, saura 6
60 ÷ 16 = 3, saura 12
120 ÷ 16 = 7, saura 8
80 ÷ 16 = 5, saura 0

Inci 0.4375 ke nan. Tun da inci ɗaya milimita 25.4 ne, in ka ninka za ka samu milimita 11.1 da 'yan kai, shi ya sa take kusa da sufana mai lamba 11.

A wannan misali akwai kuskure iri biyu da ke faruwa wajen zaɓen lamba. In ka zaɓi wadda ta yi yawa, a ce 5 a matakin farko, 16 sau 5 zai ba ka 80, ba za ka iya ɗebe 80 daga 70 ba, nan take za ka gane. Wanda ya fi haɗari shi ne zaɓen wadda ta yi kaɗan, domin ɗebewar za ta yiwu lafiya lau. A ce ka sa 3: 70 a ɗebe 48, saura 22. Ashirin da biyu ta fi 16, ma'ana akwai sauran rabo guda da ba ka bayar ba. In ba ka lura ba ka sauko da sifili, za ka tarar da 220, wadda 16 ke shiga sau 13, lamba biyu a gurbin guda. Saboda haka bayan kowace ɗebewa ka kalli saura ka kalli lambar waje. Saura dole ta gaza lambar waje. In ta kai ta ko ta fi ta, goge ka ƙara ɗaya a sama.

Rabawar da ba ta ƙarewa

Gwada sulusi, 1/3. Goma a raba uku, 3, saura 1. Sauko da sifili, goma ce kuma. Uku, saura 1. Haka za a yi ta yi har alƙalami ya ƙare. Amsar ita ce 0.333 ba iyaka. A littattafan lissafi na Najeriya ana ɗora ɗigo a saman lambar da ke maimaituwa, wasu littattafan kuma ɗan layi suke ja a kanta. A waya, inda babu halin yin haka, a rubuta 0.333... da ɗigo uku a baya.

Sudusi, 1/6, ya ɗan bambanta:

10 ÷ 6 = 1, saura 4
40 ÷ 6 = 6, saura 4

Saura 4 ta dawo, don haka 6 ce za ta yi ta zuwa: 0.1666... Lura cewa 1 ta farko ba ta cikin masu maimaituwa, a kan 6 kaɗai ake ɗora alama. Haka 5/12 yake, sai an wuce lamba biyu kafin zagayen ya fara: 50 ÷ 12 = 4 saura 2, 20 ÷ 12 = 1 saura 8, 80 ÷ 12 = 6 saura 8. Amsa 0.41666...

Subu'i, 1/7, shi ne ke gwada haƙurin ɗalibi:

10 ÷ 7 = 1, saura 3
30 ÷ 7 = 4, saura 2
20 ÷ 7 = 2, saura 6
60 ÷ 7 = 8, saura 4
40 ÷ 7 = 5, saura 5
50 ÷ 7 = 7, saura 1

An dawo kan 1 da aka fara da ita. Daga nan 142857 za ta sake zuwa da jerinta, ta sake, ba iyaka: 0.142857142857... In rukuni ne ke maimaituwa haka, ana sa ɗigo a saman lambar farko da ta ƙarshe ta rukunin.

Me ya sa dole abin ya zagayo? Saboda saura ba ta kai lambar waje. In kana rabawa da 7, saurar da za ka iya samu ita ce 1, 2, 3, 4, 5 ko 6, in ba sifili ba. Guda shida ce kacal. Komai daɗewa, bayan mataki shida dole ɗaya daga cikinsu ta sake fitowa, kuma da zarar saura ta dawo, duk abin da ya biyo ta a karon farko zai sake biyo ta. Wannan ke nuna cewa kowane kaso ɗayan biyu ne: ko ya ƙare da saura sifili, ko ya shiga zagaye. Tsawon zagayen kuma ba zai kai lambar ƙasa ba.

Daga nan wata shawara ke fitowa wadda muke ganin ta fi kowace muhimmanci a wannan babi: saura ake sa wa ido, ba lambobin sama ba. Ɗauki 1/17. Za ka samu 0, sannan 5, sannan 8, sannan 8 kuma. Ɗalibi ya ga takwas biyu a jere sai ya ɗora ɗigo ya ce an shiga zagaye. Amma takwas ta farko daga 150 ta fito ta bar saura 14, ta biyu daga 140 ta fito ta bar saura 4. Saurar ba ɗaya ba ce, kuma lamba ta gaba 2 ce. Zagayen 1/17 lamba goma sha shida ne: 0.0588235294117647 kafin ya koma farko. Haka 11/50 ke ba da 2 da 2, amma saura ta biyu sifili ce, amsar 0.22 ce ta tsaya nan. Dabarar ita ce ka riƙa zagaye kowace saura da fensir, ko ka jera su a gefe, duk sabuwar da ta fito ka duba ko ta taɓa zuwa.

Ana iya sanin wanda zai ƙare tun kafin a fara. Da farko ka rage kason zuwa mafi ƙanƙantar siffarsa. Sannan ka farfasa lambar ƙasa: in ba ta ƙunshi komai ba sai 2 da 5 ana ninka su, zai ƙare. Takwas ita ce 2 sau 2 sau 2. Arba'in ita ce 2 sau 2 sau 2 sau 5. Duk sun ƙare. In kuwa akwai 3 ko 7 ko 11 ko makamancinsu a ciki, zagaye za a shiga. Dalili shi ne goma kanta 2 sau 5 ce, kuma da goma muke ta canji. Sai dai kada a manta da ragewar farko: 3/12 yana da 3 a cikin lambar ƙasa, amma in an rage shi 1/4 ne, 0.25. Ragewar tana kuma sauƙaƙa aiki, domin raba 3 gida 8 ya fi raba 21 gida 56 daɗi, amsar kuwa ɗaya ce.

Inda za a tsaya, da yadda ake taƙaitawa

Tambayar jarrabawa takan ce a ba da amsa zuwa gurbi biyu ko uku bayan ɗigo. Ka raba har gurbi ɗaya fiye da abin da aka nema. In lambar ƙarin nan 5 ce ko sama, ƙara ɗaya a kan ta gabanta. In 4 ce ko ƙasa, yar da ita kawai. Misali 2/3 zuwa gurbi biyu: rabawa ta ba da 0.666, ta ukun 6 ce, amsa 0.67. Wanda ya tsaya a gurbi biyu ya rubuta 0.66 ya faɗi. Shi ya sa ma kalkuleta ke nuna 7 a ƙarshen jerin shida-shidan, ita ma taƙaitawa ta yi da fuskarta ta cika. A jarrabawar WAEC da NECO, ɓangaren da ake rubuta aiki yana da makin hanya ban da makin amsa, don haka kada ka goge rabawar bayan ka gama.

Ɗalibin da ya ci 37 bisa 60 yana son sanin kashi nawa ke nan cikin ɗari: 370 ÷ 60 = 6 saura 10, 100 ÷ 60 = 1 saura 40, 400 ÷ 60 = 6 saura 40. Wato 0.61666... A matsar da ɗigo gurbi biyu zuwa dama, 61.666..., a taƙaita, kashi 61.7 cikin ɗari.

Amma ga gargaɗi ga masu lissafin dukiyar mutane. Desimal ɗin da aka taƙaita ba shi ne kason ba, maƙwabcinsa ne. Wasiyya ba ta wuce sulusi. A kan naira 9,000,000, sulusi 3,000,000 ne. Wanda ya danna 0.33 a waya ya ninka zai samu 2,970,000, naira 30,000 sun salwanta. Uwa mai sudusi a cikin 6,000,000 haƙƙinta 1,000,000 ne, amma 0.17 zai ba ta 1,020,000, ƙarin kuma daga rabon wani magajin ya fito. Saboda haka in kaso mai zagaye ne, kamar sulusi, sudusi ko sulusi biyu, a raba dukiyar kai tsaye da lambar ƙasa, sannan a ninka da ta sama. Ninkawa da desimal ta dace da waɗanda ke ƙarewa, irin su rabi, rubu'i da sumuni, inda babu abin da aka yar.

Cikakkiyar lamba tare da kaso

Tela ya ce yadi biyu da rubu'i uku, 2 3/4. Ajiye 2 a gefe, raba 3 gida 4: 30 ÷ 4 = 7 saura 2, 20 ÷ 4 = 5. Ka samu 0.75, ka mayar da biyun gabansa, 2.75. Babu buƙatar a narkar da shi ya koma 11/4, ko da yake in an yi hakan ma amsa ɗaya za a samu.

Inda ake zamewa shi ne ma'aunan da ba goma-goma suke tafiya ba. Awa ɗaya da minti 30 ba 1.30 ba ce. Awa minti 60 ce, don haka 30/60 za a raba, a samu 0.5, awa 1.5 ke nan. Minti 45 shi ne 0.75, minti 20 kuma 0.333... Mai ba da hayar injin ban-ruwa ko tarakta da awa, in ya rubuta 1.30 ya ninka da kuɗin awa, ya cuci kansa. Haka kafinta: ƙafa inci 12 ce, ƙafa 5 da inci 6 ita ce 5.5, ba 5.6 ba. Dattawan da suka yi ciniki kafin Janairun 1973, lokacin da naira da kwabo suka maye gurbin fam da sule, sun san irin wannan lissafi a ka: a wancan lokaci sule kwabo 12 ne, sisi rabinsa, taro rubu'insa. Da za a rubuta taro da desimal, 3/12 ne na sule, 0.25.

Wani abu kuma da ya shafi mu mazauna kusa da iyaka. Yaron da ya yi karatu a Birnin Ƙonni ko wani gari na Nijar da waƙafi aka koya masa raba desimal, irin tsarin Faransa, zai rubuta 0,375. Akwatin rabawarsa ma daban ne, lambar da ake rabawa da ita tana hannun dama, amsa a ƙarƙashinta. Lissafin ɗaya ne. Amma mai ciniki a Illela da aka miƙo masa takarda da 2,500 a kai, ya tambaya tukuna: dubu biyu da ɗari biyar ne, ko biyu da rabi?

Tabbatar da amsa

Ninka amsar da lambar ƙasa, dole lambar sama ta dawo. 0.375 sau 8 shi ne 3. 0.025 sau 40 shi ne 1. In mai zagaye ne ka taƙaita, za ka samu abin da ya yi kusa ƙwarai: 0.1667 sau 6 shi ne 1.0002. In tazarar ta yi yawa, koma ka duba abu uku bi da bi: ko ka tsallake sifili, ko wata saura ta fi lambar waje, ko kuskuren ɗebewa ne.

Kintace da rabi ma yana kama ɓarna da wuri. Rabin 16 shi ne 8, don haka 7/16 dole ya gaza 0.5 da kaɗan, 9/16 kuma ya haura shi da kaɗan.

Wajen karantawa, lambobin bayan ɗigo ɗai-ɗai ake faɗinsu: sifili ɗigo uku bakwai biyar. Yaron da ya saba cewa "ɗigo ɗari uku da saba'in da biyar" shi ne zai ce 0.375 ya fi 0.5 girma. A cika masa gurabun da sifili, 0.500 da 0.375, zai gani da idonsa. Da wannan ake gane wanne ya fi tsakanin kaso biyu da ido ba ya iya rabewa: 5/8 shi ne 0.625, 7/11 kuma 0.6363..., gurbi na farko sun yi daidai, a na biyu 3 ta fi 2, don haka 7/11 ne babba.

Ga guda shida na gwaji, kowanne da tarkonsa: 9/16, 7/40, 5/6, 61/20, 13/24 da 4/37. Kafin ka raba kowanne, rubuta a gefe ko zai ƙare ko zai zagaya, da ko ya kai rabi. Amsoshin su ne 0.5625, 0.175, 0.8333..., 3.05, 0.541666... da 0.108108... In ka samu 3.5 a na huɗu ko 0.1818 a na ƙarshe, sifili ka tsallake: a 4/37, bayan 40 ta bar saura 3, talatin ba ta kai 37 ba, sai an rubuta 0 a sama kafin a tafi 300.